Ƙasar Mafarki, Garin da Muke Ginawa Tare

   

Yau zancen wata ƙasa za mu yi. Ƙasar ba ta cikin taswira. Ba a yankar mata tikiti, ba a neman biza. Amma duk wanda ke jin muryata ya je can daren jiya. In Allah ya kai mu, yau ma zai koma. Ƙasar mafarki nake nufi.

Kowa ya san halinta. Kana tsakar gidanku, sai ɗakin kakarka ya buɗe cikin ajin firamare. Mutumin da aka binne tun tuni ya yi sallama ya zauna, ko mamaki ba ka yi ba. Ka yunƙura za ka gudu, ƙafa ta ƙi ɗaguwa. Ka waiwaya neman ƙofar da ka shigo, ka tarar ta zama bango. Komai sauyawa yake yi, kuma ba mai tambayar dalili.

Ga maganar da na zo da ita. Ku riƙe ta, don zan maimaita. Mafarki kai kaɗai kake yinsa, amma kayan da aka haɗa shi da su na jama'a ne. Wasu mun gaje su tun kaka da kakanni. Wasu kuwa mu ne muke zuba su da rana tsaka, da hannunmu.

Mu fara da jiki, don a nan ƙofar take.

A shekarar 1953, a Jami'ar Chicago ta Amurka, wani malami mai suna Nathaniel Kleitman da ɗalibinsa Eugene Aserinsky suka lura da wani abu. Mai barci yakan kai wani mataki da idanunsa ke kai da komo da sauri a ƙarƙashin fatar ido. In aka tashe shi a daidai lokacin, galibi zai ce mafarki yake yi. Wannan mataki yana zagayowa sau da dama a dare guda, kusan bayan kowace awa ɗaya da rabi. Yana kuma ƙara tsawo idan asuba ta gabato. Shi ya sa mafarkin goshin asuba ya fi zama a kai. Wanda ke cewa shi ba ya mafarki, galibi mantawa yake yi. Kowa na shiga ƙasar nan, sarki da talaka.

To, ƙofa mun gan ta. Tambayar ita ce, me ya sa in mun shiga muke tarar da abubuwa iri ɗaya?

Mai awo a Damagaram zai ce maka an biyo shi a guje cikin mafarki. Ma'aikacin banki a Tokyo ma haka zai ce. Faɗowa daga sama, zubewar haƙora, shiga taro ba sutura, tashi sama kamar kana da fiffike. Duk inda masu bincike suka je suka tambaya, sai sun ci karo da waɗannan. Wani Ba'amurke mai suna Calvin Hall ya shafe rayuwarsa yana tara mafarkan mutane, har dubun dubata. Abin da ya gano shi ne, tsoro da tashin hankali sun fi farin ciki yawa a cikinsu. Wani masani ɗan ƙasar Finlan, Antti Revonsuo, ya ce wannan atisaye ne. Ƙwaƙwalwa ce ke gwada gudun tsira tun kafin haɗari ya zo.

Amma mutumin da ya fi kowa zurfafa a wannan tambaya wani likitan ƙwaƙwalwa ne ɗan Suwizalan, Carl Jung. An haife shi a 1875, ya rasu a 1961. Bari in ba ku labarin mafarkin da ya ɗora shi a kan hanya.

A 1909 Jung ya yi tafiya zuwa Amurka tare da ubangidansa a fagen ilimi, Sigmund Freud na birnin Biyana. Suna tafe suna fassara wa juna mafarki. A lokacin ne Jung ya ga kansa a saman wani bene, cikin falo mai kayan alatu. Ya sauko ƙasa, ya tarar komai ya fi tsufa, ga duhu-duhu, ga daɓen jan bulo. Ya tura wata ƙofa mai nauyi, ya bi matakalar dutse zuwa wani ɗaki a ƙarƙashin ƙasa, ginin zamanin Rumawa. A daɓen ɗakin ya ga wani falalen dutse mai zobe. Ya ja zoben, dutsen ya ɗagu. Ga wata matakala kuma. Ya sauka ya iske kogo, cike da ƙura, da ƙasusuwa, da fasassun tukwane, da ƙoƙon kan mutum guda biyu.

Freud ya liƙe wa ƙoƙunan kan nan. A ganinsa, akwai mutum biyu da Jung ke fatan mutuwarsu a ɓoye. Jung bai gamsu ba. Shi a ganinsa, gidan nan zuciyar ɗan Adam ce. Benen sama shi ne abin da ka sani game da kanka. Kana sauka kana barin tarihinka, kana shiga tarihin mutane. Can ƙasa kuwa, a kogon, babu sunan kowa. Wannan wuri na kowa da kowa ne. Shi ne abin da ya kira ɓoyayyen tunani na gama-gari. Saɓani irin wannan ya yi ta girma, har suka raba gari a 1913.

Me ke cikin kogon? Jung ya ce akwai wasu tsofaffin siffofi da kowane ɗan Adam ke zuwa duniya da shirin ganewa. Akwai uwa. Akwai dattijo mai hikima. Akwai jarumin da ke barin gida ya dawo da nasara. Akwai dodon da ke tsare hanya. Akwai kuma mai wayo, wanda wayonsa ke cece shi yau, gobe ya kai shi ya baro.

Wannan na ƙarshe, ai mun san shi. Gizo ne, mijin Ƙoƙi. Ku je wurin Ashantawa a Gana, za ku same shi da sunan Anansi, shi ma gizo-gizo. Bayin da aka kwasa suka tsallaka teku da shi har Jamaika. Mutanen asalin Amurka suna da nasu mai wayon, tun kafin su san akwai wata nahiya da ake kira Afirka. Jung ya rubuta maƙala sukutum a kan wannan siffa. Tatsuniyar da kaka ke yi wa jikoki da dare, da mafarkin da jikokin za su yi bayan sun kwanta, a ganinsa tushensu ɗaya.

A nan sai in ja hankalinku, masu sauraro. Maganar Jung ra'ayi ce, ba a auna ta a ɗakin gwaji an tabbatar ba. Masana da yawa a yau suna cewa bayanin ya fi haka sauƙi. Jikinmu iri ɗaya ne, ƙwaƙwalwarmu iri ɗaya ce. Kowa uwa ce ta haife shi, kowa ya ji tsoron duhu, kowa ya san mutuwa na tafe. Tatsuniya kuma tana bin fatake da 'yan ci-rani daga gari zuwa gari. Sannan Jung ɗan zamaninsa ne. Ya kalli baƙar fata da idon Turawan mulkin mallaka, a matsayin mutanen da aka bari a baya. Wannan kallo ba mu karɓe shi ba. Amma ko an ɗauki bayaninsa, ko an ɗauki na masu sukarsa, wuri ɗaya aka dosa. Kayan mafarki na jama'a ne.

Yanzu mu juya ga ɓangare na biyu, wanda ya fi damuna. Ƙasar nan ba ta zama yadda take. Tana sauyawa, kuma mu ne muke sauya ta.

Ku ɗauke ta kamar kasuwar ƙauye mai ci mako-mako. Filin yana nan tun zamanin kakanni, rumfunan suna inda suke. Amma kayan da ake kasawa sun bi zamani. Inda aka kasa kaɗi da sawaye jiya, yau cajar waya ce. Rumfar tsoro tana nan a ƙasar mafarki, ba ta taɓa tashi ba. Abin da aka kasa a cikinta ne ke canzawa.

Ga shaida ta farko, daga bakin Jung kansa. A 1925 ya zo Gabashin Afirka, ya zauna a gindin Dutsen Elgon, kan iyakar Kenya da Yuganda. Ya yi ta tambayar mutanen wurin mafarkansu, suna noƙewa. Daga bisani wani tsohon boka ya buɗe masa ciki. Ya ce a da bokayensu sukan yi mafarki su san ko yaƙi na tafe, ko annoba, ko ruwan sama, su san inda za a kora dabbobi. Amma tun da Turawa suka zo, mafarkin ya ɗauke. Ba a bukatarsa, tunda yanzu Bature ne ya san komai. Ku duba wannan magana da kyau. An ƙwace mulki da rana, sai mafarkin jagoranci ya ɗauke da dare.

Ga shaida ta biyu, ita ce ta fi ratsa jiki. A 1933 Hitler ya hau mulki a Jamus. A birnin Balin akwai wata 'yar jarida Bayahudiya mai suna Charlotte Beradt. Ta fara farkawa cikin dare jiƙe da gumi, ana farautarta a mafarki. Sai ta ce a ranta, anya ita kaɗai ce? Ta shiga tambayar mutane a asirce: tela, maƙwabci, mai kawo madara, likita. Daga 1933 zuwa 1939 ta tara mafarkai wajen ɗari uku. Aikin na da haɗari. Don haka ta riƙa sauya sunayen manyan gwamnati ta mai da su kawunnai, in an kama mutum ta rubuta cewa mura ta kama shi. Ta ɓoye takardun a bangon littattafai, daga baya ta aika da su waje a matsayin wasiƙu. Ita ma ta tsere, kuma littafin bai fito ba sai 1966.

Ku ji abin da ta tarar. Wani mai masana'anta, kwana uku da hawan Hitler, ya yi mafarkin ministan farfaganda Goebbels ya zo masana'antarsa. Aka jera ma'aikata sahu biyu, shi yana tsakiya. Dole ya ɗaga hannu ya yi gaisuwar 'yan Nazi. Hannun ya yi nauyi. Rabin awa yana fama, kaɗan-kaɗan, kafin ya ɗagu. Da ya ɗagu, sai ministan ya ce ba ya bukatar gaisuwarsa, ya juya ya tafi. Ya bar shi tsaye gaban yaransa, hannu a sama, mutunci a ƙasa.

Wani likita kuma ya ga kansa kishingiɗe a ɗakinsa da dare, zai yi karatu. Kwatsam bangon ɗakin ya ɓace. Ya duba iya ganinsa, babu gida ɗaya mai bango a garin. Sai ya ji lasifika tana shelar cewa hukuma ta kafa dokar soke bango. Wata matar aure ta ga murhun ɗumama ɗakinta ya buɗe baki, yana maimaita wa jami'in tsaro duk abin da aka faɗa a gidan game da gwamnati.

Waɗannan mutane ba su san juna ba. Ba su haɗa baki ba. Amma mafarkinsu ya zo iri ɗaya: bango ya tafi, kayan ɗaki sun zama 'yan leƙen asiri, mutum yana tsoron harshensa. Wani jigon gwamnatin ya taɓa bugun ƙirji cewa mai barci ne kaɗai ya rage da sirri a Jamus. Aikin matar nan ya nuna ko mai barcin bai tsira ba. Mafarki kai kaɗai kake yinsa, amma kayan da aka haɗa shi da su na jama'a ne.

Shaida ta uku kuwa da mu aka yi. A 2020, da annobar korona ta kulle duniya, mutane a ƙasashe da dama suka fara cewa mafarkinsu ya ƙaru, ya kuma yi nauyi. Wata malama a Jami'ar Harvard, Deirdre Barrett, ta tara dubbai daga cikinsu. Ƙwayar cutar ba a ganinta da ido. To, sai mafarki ya ba ta jiki. Mutane suka riƙa ganin tarin ƙwari na bin su. Da aka jima, sai wani sabon mafarki ya bayyana: ka tsinci kanka cikin cunkoso, ka shafa fuska, ka ji ka manta takunkumi. Kafin shekarar, wa ke wannan mafarki? Tsohon mafarkin shiga taro ba sutura ne ya sake riga.

Har launi ma zamani na taɓawa. A shekarun 1940, lokacin da fim da hoto baƙi da fari ne, an tambayi ɗalibai a Amurka. Mafi yawansu suka ce ba kasafai suke ganin launi a mafarki ba. Bayan kusan shekara sittin aka sake yin tambayar, sai amsar ta juye. Masana na gardama har yau: mafarkin ne ya sauya, ko yadda ake tuna shi? Ko wanne ne, abin da ido ya saba kallo da rana ya bi mutum har shimfiɗa.

Ga wani misali da kowane gida ya sani, wato dannau. Ka farka, kana ji kana gani, amma ko yatsa ba ka iya motsawa. Ƙirji ya yi nauyi, ihu ya ƙi fita. Likitoci sun san dalilinsa. A matakin barcin da ake mafarki, ƙwaƙwalwa takan saki jijiyoyin motsi su mutu murus, don kada mutum ya tashi ya aikata abin da yake gani. Wani lokaci hankali kan riga jiki farkawa. Shi ke nan dannau. Yakan wuce cikin ɗan lokaci, kuma rashin isasshen barci da kwanciya rigingine suna ƙara kawo shi. Amma ku tambayi mutane me suka gani a kansu. A Masar da yawa za su ce aljani. A tsibirin Newfoundland na Kanada za su ce wata tsohuwa ce ta hau ƙirjinsu. A Amurkar yau wasu za su rantse halittu ne daga sararin samaniya. Abin da jiki ya ji ɗaya ne. Fuskar da aka gani kuwa, al'umma ce ta ba da aronta.

To, masu sauraro, na san wani na can yana cewa: Malam, duk zancen Turawa kake yi, ina namu? Yanzu zan zo kansa.

Mu ba baƙin mafarki ba ne. Musulmi da Kirista duk sun san labarin Annabi Yusuf, amincin Allah ya tabbata a gare shi. Sarkin Masar ya ga shanu bakwai masu ƙiba, ramammu bakwai suna cinye su. Mutum ɗaya ne ya yi mafarkin, amma zancen ƙasa ne baki ɗaya. Ku kuma lura da yadda fassarar ta ƙare. Ta ƙare da aiki: a yi noma, a adana hatsi, a yi tanadin shekarun fari.

A tarihin Musulunci, kiran salla ma ta hanyar mafarki ya zo. Sahabi Abdullahi ɗan Zaidu ya gan shi a barci a Madina, aka umarce shi ya koya wa Bilal. Sayyidina Umar da ya ji, ya fito ya ce shi ma ya ga irinsa. Haka kuma wasu sahabbai suka ga daren Lailatul Ƙadri a bakwai na ƙarshen Ramadan, mafarkinsu ya dace da juna. Wannan babi ne na wahayi da gaskatawar Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi. Ba na haɗa shi da ra'ayin wani likita. Abin da nake nunawa shi ne, tun tuni mun san mafarki na iya wuce mutum ɗaya.

Addini ya kuma yi mana rabo mai kyau. Mafarki iri uku ne. Akwai na bushara daga Allah. Akwai na firgitarwa daga Shaiɗan. Akwai kuma zancen zuci, wato abin da mutum ya wuni yana saƙawa. Duk abin da na kawo muku na Jamus da na korona, a wannan kaso na uku yake. Abin da binciken zamani ya ƙara mana shi ne, zuciya ba ita kaɗai take saƙarta ba. Da zaren gari take yi.

Malaman fassara na farko sun san haka. Muhammadu ɗan Sirina, malamin Basara da ya rasu a shekara ta 110 bayan Hijira, shi ne sunan da ya fi shahara a wannan fage. Ana ba da labarin mutum biyu da suka zo masa, kowanne ya yi mafarkin yana kiran salla. Ya ce wa ɗaya zai yi aikin Hajji. Ya ce wa ɗayan za a kama shi da sata. Mafarki ɗaya, fassara biyu, domin ya dubi halin kowannensu. Ku gwada wannan da ɗan littafin da ake sayarwa a tasha, ko mai fassara a TikTok da bai taɓa ganin fuskarka ba. Maciji maƙiyi ne, ruwa kuɗi ne, an gama. Wanda bai san ka ba, bai san garinku ba, bai san abin da ka kwana da shi a rai ba, ina zai san mafarkinka?

Wannan ya kawo mu gida. Darasi biyu nake so mu ɗauka.

Darasi na farko: fuskar da ka gani a mafarki ba shaida ba ce. Mun san yadda abin ke faruwa. Yaro na fama da zazzaɓi mai zafi, ya firgita cikin dare, ya kama sunan wata tsohuwa a unguwa. Kafin gari ya waye an ce mayya ce. Mace ta ga kishiyarta na bin ta da wuƙa a barci, da safe ta daina amsa gaisuwarta. Ɗan kasuwa ya ga ɗan'uwansa a mummunan mafarki, zumunci ya yanke. Alhali ƙwaƙwalwa da fuskokin da ta sani take aiki. Tsoron naka ne, fuskar aro ce. Yaron nan ya sha jin manya na raɗe-raɗi a kan tsohuwar, shi ya sa ita ce ta zo masa. Mu muka zuba, shi ya kwasa.

Jung yana da magana mai amfani a nan. Ya ce kowane mutum na da wani ɓangare na halinsa da ba ya son gani, ya kira shi inuwa. Hassadarka, ƙyashinka, fushin da ka haɗiye. Abin da ka ƙi yarda naka ne, sai ka gan shi a jikin wani. Ya ce al'umma ma tana yin haka, ta ɗora duk laifinta a kan wata ƙabila ko wani rukuni. Hausawa sun riga sun taƙaita zancen: laifi tudu ne, ka taka naka ka hango na wani. Koyarwar addini kuma a fili take. Wanda ya ga abin ƙi a barci ya nemi tsarin Allah, ya yi tofi ta hagunsa sau uku, ya juya kwanciya, kada ya yi ta yaɗawa. Ba a ce ya je ya tare maƙwabci da faɗa ba. Yaro mai zazzaɓi kuwa asibiti ake kai shi.

Darasi na biyu: mu dubi abin da muke zubawa. Kakanninmu kura ce ke bin su a mafarki. Yau a garuruwa da yawa na Zamfara, da Katsina, da Borno, da Diffa, ƙarar babur ce ke tashin yaro a firgice. Akwai matan da suka baro ƙauyukansu shekaru da suka wuce, amma kowane dare sai an mai da su daren da mahara suka shigo. An ce dare mahutar bawa. Waɗannan bayin Allah, daren ma bai bar su sun huta ba.

Irin wannan mafarki mai maimaita kansa bayan tashin hankali ciwo ne sananne, kuma yana da magani. Mai fama da shi ba mahaukaci ba ne, ba kuma raunin imani ke damunsa ba. Akwai asibitocin ƙwaƙwalwa na tarayya a Maiduguri, da Kaduna, da Kware ta jihar Sakkwato. Akwai ma'aikatan lafiya da aka horar a kan haka. A yi addu'a, a kuma nemi magani. Ɗaya ba ya hana ɗaya.

Sannan mu da Allah ya bai wa zaman lafiya, mu ji tsoron Allah a kan abin da muke turawa a waya. Hoton gawa, bidiyon yanka, muryar da ke cewa ga su nan tafe, alhali ba ka tabbatar ba. Ka tura wa mutum ɗari kafin ka kwanta. A cikinsu akwai mai ciki, akwai mai hawan jini, akwai yaron da ya ɗauki wayar uwarsa. Kai ka yi minshari, su ka aika musu da abin da za su kwana da shi. Faɗan da ake yi gaban yara ma haka. Tsoratar da su da dodo don su yi shiru ma haka. Duk kaya ne muke kasawa a waccan kasuwa.

Alheri ma yana bin wannan hanya. Yaron da ya kwanta da ƙoshi, aka yi masa tatsuniya, aka tofa masa addu'a, da abin da zai tarar. Unguwar da maƙwabci ke amsa sallamar maƙwabci, da abin da mutanenta za su tarar. Shugaban da ya tsare wa talakawa rayukansu da rana, ya gyara musu barcinsu bai sani ba.

Na ce zan maimaita, ga shi na ƙarshe. Mafarki kai kaɗai kake yinsa, amma kayan da aka haɗa shi da su na jama'a ne.

Don haka, 'yan'uwa masu sauraro, roƙona gare ku kaɗan ne. Kada ku yanke wa kowa hukunci da abin da kuka gani a barci. In ɗanku ya farka yana kuka, ku rungume shi, ku tambayi kanku me ya ji, me ya gani a wunin nan. In kun san wanda dare ya zame wa azaba, ku kama hannunsa ku raka shi wurin likita. Kafin ku tura wani abu a waya yau da dare, ku tuna akwai wanda zai kwana da shi.

Allah ya zaunar da ƙasashenmu lafiya, ya ba mu barci mai daɗi, ya tashe mu cikin alheri.